Takarda Biyar a Kan Kalma Ɗaya

Baba bai taɓa goge kalma ba. Shekara talatin yana rubuta littafin nahawu da hannu, in ya canza ra'ayi sai ya yanko 'yar takarda ya liƙa a kai da gam, ya sake rubutawa. Da ɓarin jikinsa ya shanye, magana ta ɗauke, ni autarsa aka ɗora wa buga littafin a kwamfuta, don ya gan shi a kammale tun yana iya gyaɗa kai.

A babin mahaɗai na maƙale. Ya ware "amma" da "sai dai" da "duk da haka" rukuni guda. Inda sunan rukunin zai zauna kuwa, tudun takardu ne liƙe a kan juna, ta sama fara fat.

"Ki sa duk abin da ya zo bakinki," in ji Yaya. "Wa zai lura?"

Haushi ya kama ni. Mutumin da ko takardar cikin kwalin magani ba ya karantawa, shi ke ba da shawara.

Na tafasa ruwa, na kara shafin a tururi, na riƙa ɗagawa da bakin reza. Ƙarƙashin farar, "mahaɗin saɓani". Ƙarƙashinta, "mahaɗin togaciya". Biyu na gaba ma hannun Baba ne, da shuɗin biro, har wata ya buga mata alamar tambaya. Ni dai so nake in ga ƙarshen wannan rigima da ya yi da kansa.

Da na kai ainihin shafin sai na ga ba hannun Baba ba ne. Rubutun fensir ne, haruffa ƙanana, masu kwantawa hagu. Hannun marigayiya Umma. Ta rubuta "mahaɗin waiwaye". Ban taɓa sanin ta taɓa littafin nan ba; a sanina shayi kawai take kai masa.

Na kai wa Baba shafin a gado.

"Baba, wanne zan sa?"

Ya daɗe yana kallo, sannan ya ɗora yatsa a kan rubutun fensirin.

"Na Umma?"

Ya gyaɗa kai. Na miƙe zan tafi, ya riƙe min hannu, ya jawo shafin farko inda na buga sunansa shi kaɗai. Ya sa yatsa a filin da ke ƙasa, yana ta ƙwanƙwasawa, bai daina ba sai da na ɗauko biro na rubuta sunanta.