Rasberin Baban Glory

A shekarar 2003 da Japhet ya ajiye kakin soja, tsarabar da ya kawo wa matarsa Keziah daga Jos ba atamfa ba ce, wasu 'yan sanduna ne a jiƙaƙƙen buhu.

"Rasberi ke nan, Maman Glory, ɗan itacen Turawa ne mai 'ya'ya masu zaƙi. Ba ƙaya ko ɗaya, ga 'ya'ya kamar hauka."

"Ba ƙaya? A Zuru? Ai awaki ka kawo wa."

Haka kuwa aka yi. Ya dasa su a lambu, ganye na fitowa, awakin unguwarsu ta Rikoto suka yi masa aski. Japhet ya hau dutse ya saro rassan magarya ya kewaye lambun, hannuwansa duk jini. Keziah tana cire masa ƙaya da allura tana masifa, shi kuwa sai dariya.

Zafin bazara ya ƙone rasberin ƙurmus. Amma 'ya'yan magaryar da suka zube a shingen suka tsiro da damina.

Japhet ya rasu, magarya ta wuce rufin ɗaki. Duk sanda Keziah ta kai hannu ƙaya ta soke ta, takan tsotsi yatsa ta ce, "Baban Glory, ga marar ƙayarka nan, tana ta 'ya'ya."