Bencin Masu Horo

A cocin su Afiniki da ke Zonkwa, bencin baya na masu horo ne. Wanda dattawa suka samu da laifi, nan zai zauna har wa'adinsa ya cika.

Afiniki ma'aikaciyar lafiya ce a wani ƙaramin asibitin gwamnati. Firji ya mutu, alluran rigakafi suka lalace a hannunta, aka dakatar da ita. Ƙa'ida ta ce dakatarwa ba kora ba ce, kuma ba a yanke hukunci sai kwamitin bincike ya ji ta bakin mutum. To amma ƙa'ida ba ta zuwa kasuwa. Kafin labari ya zaga gari, ya koma wai ta sayar da magani. Kunya ta rufe ta, har ta ƙudura ba za ta tsaya gaban kwamitin ba. Gara ta ajiye aikin salin alin ta koma gonar citta, ko da sunanta zai tafi da tabo.

Ran Lahadi ta bar zanen zumuntar mata a gida, ta sulale zuwa bencin baya. Babu wanda ya tura ta.

Can ta tarar da Kumai birkila, wanda ya sha burkutu ya mari surukinsa a gidan biki. Ya dube ta sama da ƙasa.

"Sista, kin ɓata hanya ne?"

"Ba ka ji an ba ni saspenshan ba?"

"Na ji. Wa ya yi shari'an?"

"Kwamiti bai zauna ba tukuna."

"To tashi," in ji Kumai. "Ni kafin na zo nan, dattawa sun kira ni, sun kira wanda na mara. Na yi magana, har ƙarya na haɗa, suka saurara har ƙarshe. Wannan benci da gumina na same shi. Ke wa ya ji naki?"

Dariya ta so kufce mata, sai ga ƙwalla. Sau nawa ta gaya wa shugaban asibitin, a gaban abokan aiki, cewa firjin nan yana daf da mutuwa? Tun da aka dakatar da ita babu wanda ya tambaye ta, ita ma ba ta faɗa wa kowa ba. Ranta ya sosu ƙwarai.

Ana fara waƙa ta miƙe, ta koma cikin mata.

Washegari ta shiga bas zuwa Kafanchan, ta nemi sakataren kwamitin. Ta ce a sa mata rana, kuma za ta zo da shaidu.

Mutumin ya ɗago kai. "Madam, ai mun ji za ki ajiye aiki."

"Yallaɓai," ta ce, "ba ku ji komai daga bakina ba tukuna."