Gangar Bikin Evdokia

Ranar Laraba ce kaɗai ƙauyen yake kama da garin da ke da mutane. Wajen ƙarfe sha ɗaya motar Zisis za ta hauro hanyar dutse tana nishi, ta tsaya a gindin bishiyar bakin coci, ta juye baƙi goma sha biyu ko sha huɗu, masu jajayen wuya da huluna masu faɗi. Sauran kwana shidan kuwa mutum goma sha ɗaya ne a garin, ƙaraminsu ma ya haura sittin. Froso tana cikinsu. Shekarunta saba'in da huɗu, mijinta Lambros ya shekara tara a makabartar bayan coci, 'yarta tilo, Evdokia, tana can Jamus tana aikin jinya.

Zisis ɗan wanta ne. Shi ya ƙirƙiro sana'ar kwaso baƙi daga otal-otal na bakin teku ya kawo su su ga yadda ake cin abinci a ƙauye, sai ka ce mutanen ƙauye ba da baki suke ci ba. Froso ba ta damu ba. Tun da asuba take murza ƙullu har ya yi siririn da ana hango zanen tebur ta cikinsa, ta cika shi da ganyen daji da cukun akuya, ta hura tanda da busassun rassan inabi. Baƙi su ci, su sha, su ɗauki hoton hannayenta. Hannayen nan sun je ƙasashen da ita ko sunansu ba ta sani ba.

In an gama ci sai Zisis ya sauka da su ɗakin ƙasa, inda gangunan giyar inabi suke. Biyu na sha ne. Ta ukun tana can kusurwa, an toshe bakinta da kakin zuma, an rubuta shekara a jikinta da farin fenti. Lambros ne ya cika ta a kakar da aka haifi Evdokia, kamar yadda kowane uba yake yi a garin in an haifa masa mace: ya zaɓi inabin da ya fi kyau, ya matse, ya rufe, ba mai taɓawa sai ranar aurenta, ranar da uban amarya zai miƙa wa ango kofin farko da hannunsa. Shekara talatin da takwas ke nan. Kowace Asabar Froso tana goge gangar da jiƙaƙƙen tsumma don kada katakon ya bushe ya tsage, sannan ta ƙwanƙwasa ta da bayan yatsa ta ji tana nan a cike. Ba ta jin Turancin da Zisis yake ba da labarin da shi, amma ta san daidai wurin da matan suke dafa ƙirji.

Wannan bikin ne kawai ya rage mata a duniya, kuma ba ta ɓoye ba. Shekara uku da suka wuce Evdokia ta taɓa kawo mata maganar wani mutum a waya, Jan sunansa, abokin aikinta, ba ɗan cocinsu ba ne, ba ɗan cocin kowa ba ne ma, suna tunanin zuwa ofishin gari su sa hannu. Froso ta ce mata auren da ba a ɗora wa amarya da ango kambi a gaban Fada, limamin coci, ba zaman dadiro ne mai takarda. Ta ƙara da cewa, “In haka za ki yi, kada ki gaya mini. Ba na son ji.” Ita a wurinta faɗan uwa ne, irin wanda ake yi a manta. Daga ranar Evdokia ba ta sake ambaton Jan ba, Froso kuma, baiwar Allah, ta ɗauka ta ci nasara. Kowace Lahadi suna waya, su yi hirar gwiwa da ruwan sama, kafin a ajiye wayar 'yar ta tambaya ko gangar Baba tana nan, uwar ta ce tana nan.

A wannan Larabar zuma ce ta harbi wata baƙuwa a hannu ana tsakiyar cin abinci. Matar ta hau kuka kamar an sare ta da gatari. Zisis yana riƙe da ita yana ba ta haƙuri, ya ɗaga kai ya ce, “Goggo, akwai man shafawa a aljihun gaban mota, don Allah.”

“Albasa fa? Tun kakanninmu albasa ake gogawa.”

“Goggo, waɗannan ba sa jin albasa. Ki taimaka.”

Ta tafi tana mita. Aljihun motar cike yake da tarkace, takardu da tsofaffin tabarau da igiyar waya. A can ƙasa hannunta ya taɓa wani ɗan ƙulli na farin yadi mai raga, ya yi ƙura. Ba sai an gaya mata ba, ta ɗaure irinsa ya fi ɗari a bukukuwan 'ya'yan wasu: kufeta ce, alewar da ake raba wa waɗanda suka halarci ɗaurin aure, ƙwaya biyar a kowane ƙulli. A jikin zaren da aka ɗaure shi an buga suna biyu da ruwan zinariya. Na farkon da baƙaƙen Turawan arewa ne, gajere, harafi uku. Na biyun da nasu baƙaƙen, kuma ita ta zaɓi sunan da bakinta. Kwanan watan Mayun bara ne, watan da Zisis ya ce ya je taron masu harkar yawon buɗe ido a Jamus.

Ta daɗe a tsaye, ƙofar mota a buɗe. Ba ta yi kuka ba. Abin da ta ji ya fi kama da sanyin da ke shiga ƙashi in mutum ya daɗe da hannu cikin ruwan rafi. Sai ta ɗauki man shafawar, don an aike ta ne, ta koma.

A ɗakin girki ta tare Zisis. Ta ajiye ƙullin a kan tebur cikin garin alkama.

“Taron ya yi daɗi?”

Zisis ya kalli ƙullin, fuskarsa ta zube. “Goggo...”

“Wa ya riƙe mata hannu?”

“Ni.”

“Da wane kaya?”

“Wata shuɗiyar riga. Ba taro aka yi ba, Goggo, mu takwas ne, aka ci abinci aka watse. Ke kika ce kada ta gaya miki. Ta yi kuka a ranar, wallahi, ta ce uwata ta ce ba ta son ji.”

“Yau ta fara jin maganata? Na ce kada ta tafi Jamus, ta ji? Na ce ta daina yanke gashi kamar soja, ta ji? Sai wannan ɗayar ta ga dama ta bi.” Ta share hannu a jikin zanen gabanta duk da babu komai a hannun. “Su wa suka sani?”

Zisis ya kau da kai, ta ci gaba.

“Stamatia ta sani? Wadda nake kai wa burodi kullum?”

“Kowa ya sani. Har Fada.”

“Mutum goma sha ɗaya a gari, goma sun sani. Kai kuma kowace Laraba ka tsaya a gaban gangar mijina kana sayar wa jajayen wuya labarin bikin da ka riga ka ci alewarsa.”

“Goggo, tsaya ki ji, akwai sauran magana.”

“Na ji ta ishe ni.”

Ta zaro guduma da kurfi daga akwatin kayan aikin Lambros, ta nufi ɗakin ƙasa. Baƙin suka ga tsohuwa da guduma, suka tashi da kofunansu suka bi ta, a zatonsu yana cikin tsarin ranar. Zisis yana biye yana kiran sunanta ƙasa-ƙasa, yana yi wa baƙi murmushin da bai kai ido ba. Bai iya riƙe mata hannu a gaban mutane ba, ita kuma ta san haka.

Kakin ya taurare kamar dutse, sai a bugu na huɗu ya fashe. Tana soka bututun katako a bakin gangar tana roƙon Allah a zuci ya sa abin ya lalace, ya zama ruwan tsami, ta samu abin da za ta zubar a kwata ta ce dama can ba rabo. Giyar ta fito a hankali, launin zumar da ta daɗe, ƙamshinta ya cika ɗakin, ƙamshin busasshen ɓaure da soyayyiyar gyaɗa. Froso ta kai kofin baki. Tun da take ba ta taɓa ɗanɗana irinta ba. Lambros, mutumin da bai iya gyara ƙofar bayan gida ba har ya mutu, ya yi wannan abu ɗaya daidai, kuma wannan ne ya karya mata zuciya.

Kofin farko na ango ne daga hannun uban amarya. Babu uban, babu angon. Ta tsiyaya rabinsa a ƙasa don Lambros, sauran ta miƙa wa wanda ya fi kusa da ita, wani dogon mutum mai gajeren wando da baƙin tabarau a goshi. Ya kurɓa, ya zaro ido, ya faɗi wata kalma, ɗakin ya kaure da tafi. Matar da zuma ta harba ta manta da hannunta, ta yi tambaya.

“Tana tambaya wa zai yi aure,” in ji Zisis.

“Ka ce mata an riga an yi.”

Ya faɗa musu. Suka ƙara tafi, suka ɗaga kofuna, wata ta rungume Froso ta sumbace ta a kumatu biyu. Froso ta yi ta zubawa. Ta cika wa kowa sau biyu, sau uku, ta ɗura musu a gorunan ruwansu na roba su tafi da ita. Ta kwance ƙullin kufetar ta zuba ƙwaya biyar ɗin a faranti, baƙi suka tauna suna yaba al'ada. Wannan shi ne bikin 'yarta, mutum goma sha uku da ba su san sunan amarya ba.

Da la'asar, baƙi sun shiga mota suna waƙa da yarensu, Zisis ya tsaya a bakin ƙofar gida yana juya makulli a hannu.

“Maganar da kika hana ni faɗa,” ya ce. “Evdokia tana so ta kawo shi a Agusta mai zuwa, lokacin idin gari. Jan ya yarda a yi masa baftisma, wata shida ke nan yana zuwa wurin wani Fada a can. Ta ce a ɗora musu kambi a nan, a buɗe gangar Baba. Hanyar da za ta faɗa miki take nema, tsoronki take ji.”

Froso ta dafa bango. Kowa a garin nan ya san tsohuwar giya in iska ta shige ta ba ta wuce sati uku, balle wadda aka kwashe kashi ɗaya cikin uku. Agustan da yake magana saura wata goma sha ɗaya.

“A sake toshe ta da kaki,” in ji Zisis. “Ko a ƙara mata ta bana, wa zai gane?”

“Kai ɗan birni ne, Zisis. Je ka, baƙinka suna jira.” Har ya juya ta kira shi. “Na ga ka iya riƙe magana. Riƙe wannan ma.”

Ranar Asabar ta sauka da jiƙaƙƙen tsummanta, don hannu ya saba. Ta goge gangar tun daga sama har ƙasa. Da ta ƙwanƙwasa sai ta amsa da ƙarar abin da ba komai a samansa, ƙamshin kuma ya riga ya fara sauyawa, wani ɗan tsami-tsami yana biyo bayansa. Ta zauna a kan matakala har sanyin ɗakin ya ratsa ta.

Ranar Lahadi bayan an fito daga coci wayar ta yi ƙara. Evdokia ta tambayi gwiwa, Froso ta ce da sauƙi. Ta tambayi ruwan sama, Froso ta ce har yanzu shiru. Sai 'yar ta ja numfashi kamar mai shirin ɗaga kaya mai nauyi, ta ce, “Mama, akwai maganar da nake so mu yi, amma ba yau ba. Gangar Baba tana nan?”

Froso ta kalli gudumar da har yanzu take kan tebur, da ɓurɓushin kaki a bakinta.

“Tana nan,” ta ce.