Ranar da Aka Ɗauki Ɗalha a Makara

A shekarar da soja suka miƙa mulki, kowa a unguwar Koki ya samu abin yi: wasu siyasa, wasu liƙa fasta, Ɗalha kuwa fim. Shi ya rubuta labarin, shi ne darakta, shi ne mai kyamara, shi ne jarumi. Abu ɗaya ya gagare shi: mahaifiyarsa Hajo ta yarda wannan sana'a ce. Kullum cewa take, “Ɗan kirki yana Ƙofar Wambai yana kasuwa, nawa yana wasan yara.”

Saura fitowa ɗaya ya gama, wato jana'izar jarumi. Ya bari sai da Hajo ta tafi suna Dala da hantsi, ya aro makara, ya kafa kyamara a ƙofar gida, ya gargaɗi abokansa huɗu, su Lawal da Gambo:

“Kowa ya yi gum. Kada ku tsaya sai na ce a yanke.”

Ya naɗe cikin farin yadi ya kwanta, suka ɗaga.

Ɗalha ya manta da garin da yake. A Kano ba a ganin makara a zauna. Tela ya bar kekensa, mai nama ya rufe tire. Wani dattijo ya karɓi Lawal, wani ya karɓi Gambo, kafin a fita lungu babu ɗan fim ko ɗaya a ƙarƙashin makarar. Abokan suna biye, bakinsu gum kamar yadda aka umarce su.

Da farko daɗi ya kama shi, ga jama'a kyauta. Sai ya ji ana cewa:

“Wa ya rasu?”

“Ɗalha mai fim.”

“Allah ya jiƙansa. Ya huta, uwarsa ma ta huta.”

Wannan ta yi masa ciwo. Da ya ji an ambaci masu haƙa kabari, ya yunƙura ya tashi zaune ya daka tsawa: “A yanke!”

Takalman da aka bari a wurin sun cika kwando.

Ya dawo a ƙafa yana jan yadinsa. Ashe labari ya riski Hajo a hanya, ta zube a ƙofar gida, daidai gaban kyamarar da ba wanda ya kashe. Kyamarar ta ɗauki kukanta duka, ta ɗauki dawowarsa, ta kuma ɗauki dukan da ya sha da takalmi.

Bayan kwana uku ya kunna mata kaset ɗin. Ta ga kanta tana kiran sunansa, tana cewa ta yafe masa duniya da lahira. Ɗalha ya sunkuyar da kai, don bai taɓa jin haka daga bakinta ba.

Da sunaye suka fito a ƙarshen fim ɗin, ta sa ya karanta mata.

“Duk Ɗalha ne? To wa ya yi kukan?”

“Ke ce, Inna.”

“Sa sunana a sama,” in ji ta. “Kai kwanciya kawai ka yi.”