Ban Ruwan Kankare

Tiyo na hannunsa, ruwa na kwarara a kan sabon rufin kankare, sai ga motar malaman daji ta ratso ta tsakanin kututturan itatuwa ta ci birki. Baban Magina bai gudu ba. Ina zai gudu? Yana saman bene, tsani ɗaya ne, kuma mai ɗaukar hoto ya riga ya tsaya a gindinsa.

"Sauko, tsoho," in ji babban malamin dajin. "Ba ka ga allon kotu a bakin hanya ba?"

"Na gani, ranka ya daɗe. Ai ba gini nake yi ba. Ban ruwa ne."

"Ka adana bakinka, alƙaliya na jira."

Otal ake ginawa a tsakiyar gandun dajin gwamnati, inda ko ƙiraren girki ba a yarda a karya ba. Ɗan kwangilar yayan matarsa ne. Ranar da kotu ta ce a dakatar da aiki, ranar suka gama zuba rufin, leburori suka kwashe shebur suka watse. To amma ɗanyen kankare jariri ne, in bai sha ruwa safe da yamma ba, rana za ta gasa shi ya tsattsage. Yaya ya kira shi a waya, ya ce, "Kai ka san aikinka. Kada rufin nan ya tsage mini." Shi ke nan abin da ya ce.

Kafin azahar yana tsaye a akwatin kotu, takalmin robarsa na ɗigar da ruwa a kan daɓe. Yaya na zaune a layin gaba, ya sha ƙamshi, idonsa na kan fankar sama kamar ita ake wa shari'a.

Lauyan Yaya ya miƙe. "Ya mai shari'a, wanda nake karewa ya bi umarnin kotu sau da ƙafa. Wannan mutumin gaban kansa ya yi. Ba wanda ya aike shi."

Alƙaliyar ta ɗaga hoton, ta dube shi ta saman tabarau. "Kai ne wannan?"

"Ni ne, ranki ya daɗe."

"Na ce kada a ƙara taɓa ginin nan. Ka ji ko ba ka ji ba?"

"Na ji. Ban ɗora bulo ko ɗaya ba. Amma kankare in aka bar shi da ƙishi..."

Wani ya tuntsire da dariya a baya, ɗan sandan kotu ya daka masa tsawa.

"Ƙishin kankare ne ya hana ka barci," ta ce. "Itatuwan da kuka kwantar, su wa ya tambayi lafiyarsu? Abin da ka yi raina kotu ne, kuma gidan yari ne hukuncinsa. Sai dai na san tiyo ba ya kunna kansa, man janareta kuma ba daga aljihun magini yake fitowa ba. Wa ya aike ka?"

Ya dubi Yaya. Yaya ya ciro hankici yana share wuya.

"Gobe da safe ka dawo," in ji alƙaliyar. "Ko ka zo mini da suna, ko ka zo da bargonka."

Maƙwabcinsa tela ne ya tsaya masa beli. A cikin bas bakin telan bai huta ba. "Kai dai Allah ya shirye ka. Mutane na shiga kurkuku don sata, kai za ka shiga don shayar da dutse."

Ya tarar da matarsa a tsakar gida, wanki a gabanta, ko kumfa ba ta tayar ba. Labari ya riga shi isowa.

"Baban yara, Yaya ne ya riƙe ni tun rasuwar mahaifinmu."

"Na sani."

"Shi ya aurar da ni gare ka."

"Yau kuma a gaban jama'a ya ce bai san da zamana ba." Ya zauna a kan bokiti, ya tuɓe takalmin. "In na shiga, wa zai riƙe ku? Shi?"

Ta ture bahon wankin gefe. Ta tashi ta shiga ɗaki, ta fito da farar rigarsa ta fita unguwa, ta jona dutsen guga.

"In za ka faɗa, ka faɗa da babbar murya," ta ce, ba ta dube shi ba. "Kada a sa ka maimaita, zuciyata ba za ta ɗauka ba."

Ba ta gama guge hannun rigar ba aka ƙwanƙwasa ƙofa. Wani dogon mutum ne cikin kwat, fuskarsa sumul, ya bar baƙar mota a bakin lungu, injin na aiki.

"Kai ne mai ban ruwa?"

"In surukina ne ya turo ka, ka ce masa..."

"Surukinka?" Mutumin ya yi murmushi. "Shi ma ɗan aike ne, Baba. Mai otal ɗin ne yake son ganinka kafin gobe." Ya ja gefe, ya nuna motar da tafin hannu. "Sa takalminka. Ba ya son jira."