Ranar da Baba Haliru Ya Kai Mu Gungun Ƙirya

"Sai dai ka taka ni ka wuce," in ji Inna Balaraba. Ta tsaya a bakin zaure, ta dafe bango da hannu biyu.

Mijinta Baba Haliru yana bayanta, ya riga ya sa malafarsa. Ni kuma ina waje, na rasa ko in yi sallama ko in koma gida. Katanga ɗaya ta raba gidana da nasu a Wara, shekara goma sha ɗaya ke nan, ban taɓa jin ta ɗaga masa murya ba sai ran nan.

"Balaraba, baƙi na jira bakin ruwa."

"Su jira. Ɗangana ba shi san hanya ba? Mi likita yac ce maka?"

"Likita bai ga ruwan bana ba," ya ce a hankali. "Ya janye har Gungun Ƙirya ya hito. Shekara tara rabon da in taka shi. In na bari damina ta zauna, ya koma ƙasa."

Baba Haliru Bagunge ne, daga Gungawa mazauna tsibiran kogi. A tsibirin Gungun Ƙirya aka haife shi, wanda ruwa ya cinye lokacin da aka gina madatsar Kainji, yana ɗan shekara goma sha uku. Da ƙarfin kamun kifi ya ƙare masa, sai ya koma kai baƙi yawon tafki: ɗalibai, ma'aikata, duk mai son ya ga wuri. Yakan ɗauke su tun da hantsi, sai rana ta yi ja ya dawo da su. Bara ciwon zuciya ya kama shi, ƙafafunsa suka riƙa kumbura, ya bar wa ɗan ƙanwarsa Ɗangana jirgin. Wannan karon baƙin Turawa ne, ni kuwa Turanci nake koyarwa a sakandare, shi ya sa ya roƙe ni in zama tafinta.

Inna Balaraba ta dube shi. Sannan ta sauke hannu, ta shiga ciki, ta fito da magani a ƙulle cikin leda. Ba shi ta miƙa wa ba, ni ta miƙa wa.

"Malam Sufyanu, ƙwara ɗaya da azahar. In ka ga shina haki, ku juyo. Amana ce na ba ka."

Na ce na karɓa.

Baƙin mata da miji ne, mutanen ƙasar Girka. Philip injiniya ne, ya zo gyaran injinan wani kamfanin casar shinkafa a Yauri. Matarsa Christiana ta biyo shi hutu. Dattijuwa ce gajera, rana ta ƙona mata fuska, ta yafa gyale. Da Baba ya miƙa musu rigunan ruwa, sai ta ɗaure tata cikin ƙiftawar ido, ta juya ta gyara wa mijinta tasa.

"Wagga ta san jirgi," in ji Baba. "Tambaye ta."

Na tambaye ta. Ta yi dariya, ta ce shekara ashirin da shida tana aikin zagayawa da baƙi a tsibirinsu. Da na fassara, Baba ya cire malafa ya ɗan rusuna mata.

"Ashe yau jarrabawa za a yi mani."

Ɗangana ya ja injin, muka ɗaga. Baba ya zauna a goshin jirgi, yana nuna hanya da hannu kawai: dama, hagu, sassauta. Tafkin cike yake da kututturan itatuwan da ruwa ya shanye, kuma a ƙarancin ruwa irin na bana suna dab da sama. Shi ya san su kamar yadda na san kujerun ajina.

Mun fara tsayawa a wata tungar masunta, inda mata ke shanya warangi, ƙananan kifin nan masu ƙyalli, a kan tabarmi. Kowa "Baba, Baba." Wata tsohuwa ta tsokane shi da cewa ta ɗauka ya mutu. Ya ce yana jira ne ta riga shi don ta share masa wuri. Daga nan ya kai mu wani lungu, ya sa Ɗangana ya kashe injin, muka yi shiru har kunnuwan dorina biyu suka ɓullo. Philip ya yi ta ɗaukar hoto kamar yaro.

Can tsakiyar ruwa, inda babu komai sai ruwa ta ko'ina, Baba ya ɗaga hannu. Muka tsaya.

"Hwaɗa masu nan kasuwa ce. Ran Laraba taka ci. Nan ƙarƙashinmu rumhwar masu albasa. Can gaba kaɗan maƙera. Akwai wani makaho mai saƙa igiya, nan shika zama, in ka ba shi gyaɗa shi ba ka labari."

Na fassara. Christiana ta leƙa ruwan. Ba a ganin komai sai inuwar jirginmu.

Da azahar muka sauka a wani yashi mai 'yar inuwa. Mu uku muka yi salla, Baba a zaune. Na ba shi maganinsa. Ɗangana ya gasa kifi gargaza, muka ci da dafa-dukan da Inna Balaraba ta zubo mana a kula duk da fushinta. A nan ne Baba ya ce in tambayi baƙuwar yadda take nata aikin.

Ta buɗe wayarta tana nuna masa. Tsibirinsu dutse ne mai aman wuta. Ta ce da safe takan ɗauki baƙi a jirgi zuwa wani baƙin dutse a tsakiyar teku, su hau shi a ƙafa. Ƙasar wurin zafi gare ta, hayaƙi na fita daga ramuka, yana warin ruɓaɓɓen ƙwai. Daga nan su je inda ruwan ɗumi ke ɓuɓɓugowa a yi wanka. Bayan abincin rana sai ta kai su wani tsohon gari da toka ta binne shekaru dubbai da suka wuce, aka tone shi. Gidaje na nan a tsaye, har da tukwane da matakala.

Baba ya riƙe wayar da hannu biyu, ya kusanto da ita fuskarsa.

"Mutanen hwa? An iske ƙasusuwansu?"

Ta ce a'a. Da alama sun ga abin na zuwa, suka kwashe abin da za su iya, suka shiga jirage.

"Ina sunka tahi?"

"Ba wanda ya sani," ta ce. "Kullum sai baƙi sun tambaye ni, kullum ba ni da amsa."

Baba ya mayar mata da wayar. "Ce mata mu an san inda munka tahi. Wasu Wara, wasu Yelwa, wasu Shanga. Ni na san ƙohwar gidan kowa. Sai dai su ana shiga nasu garin a taɓa bango." Ya dubi ruwan. "Ce mata aikinta ya hi nawa sauƙi. Ni ruwa nika nuna ma mutane, in ce su yarda."

Ya yunƙura zai tashi, sai ya koma ya zauna. Na ga ya dafe ƙirji. Gumi ya keto masa, leɓɓansa suka yi fari, numfashinsa na fita guntu-guntu. Baƙin sun riga sun nufi jirgi, ba su gani ba.

"Baba, mu juya," na ce. "Inna ta ce..."

Ya kama wuyan hannuna. Ban san akwai sauran ƙarfi irin wannan a jikinsa ba.

"Malam, rabin awa ya rage. Kabarin mahaihwiyata na can. Da munka taso, an kwashe mu da awaki da tukwane, ita anka bari, don wata huɗu ke nan da rufe ta. Kullum ta samanta nika wucewa da injin." Ya haɗiyi iska. "Wanga ciwo, ko kan gado nike shina zuwa. Kak ka hwaɗa masu."

Na dubi Ɗangana. Mutum ne mai 'ya'ya biyar, amma ya sunkuyar da kai kamar an kama shi da laifi.

"Kawu," ya ce, "ko mu dawo jibi?"

"Ka duba gabas."

Muka duba. Hadari ya fara haɗuwa can nesa, baƙi ƙirin.

Christiana ta kira daga jirgi, tana tambaya ko lafiya. Baba yana kallona. Na ce mata lafiya lau, tsoho ne ke hutawa. Har yau nakan juya wannan amsar a raina.

Gungun Ƙirya bai fi filin ƙwallo ba. Tudun laka ne da ya bushe ya tsattsage, ga kututturan ƙirya baƙaƙe, ga bawon koɗi ko'ina. Ni da Ɗangana muka riƙe Baba ya sauka, amma da ƙafarsa ta taɓa ƙasa sai ya zame hannunsa. Ya tafi shi kaɗai, yana ƙidaya taku daga wani babban kututture. Ya nuna mana layin duwatsu, ya ce gindin masallaci ne. Ya nuna wani rami da laka ta cike, ya ce rumbun ubansa. Christiana ta tsinci ɓallin tukunya mai zane, ta goge shi da gyalenta, ta duba, ta mayar da shi daidai inda ta ɗauke shi. Baba ya gani, ya gyaɗa kai.

Daga gefen yamma ya tsaya. Babu wata alama a wurin, laka ce kamar ko'ina. Ya durƙusa, ya yi addu'a, muka shafa tare. Sannan ya ci gaba da magana ƙasa-ƙasa, ba da Hausa ba, da yarensu na Gungawa. Ya daɗe. Wani wuri har ya yi 'yar dariya.

"Me yake cewa?" Christiana ta raɗa mini.

Na ce ban sani ba, ba na jin yaren. Na tambayi Ɗangana.

"Sunayenmu shika hwaɗa mata," ya ce, yana goge ido da hularsa. "Duk wanda anka haihwa bayanta."

A nan muka yi la'asar. Iska ta fara kaɗawa, muka shiga jirgi. Wannan karon Baba bai zauna a goshi ba. Ya ce Ɗangana ya bi hanyar da muka zo, ya zauna kusa da ni a tsakiya. Fuskarsa ta washe, har na ji hankalina ya ɗan kwanta. Ya ce in tambayi baƙuwa ko ya ci jarrabawar. Ta ce da zai zo tsibirinsu, da ta rasa aikinta. Ya yi murmushi.

Ya ci gaba da nuna wurare, amma yanzu ni kaɗai yake gaya wa, muryarsa na raguwa. Nan gonar gero. Nan mashaya. Nan suka taɓa kifewa da kwalekwale shi da wansa, aka yi musu dūka. Sai ya jingina da kafaɗata. Na ji ya yi kalmar shahada, ban ɗauke ta da wani abu ba, don bakinsa bai rabuwa da ita. Na ɗauka barci ne. Muka yi tafiya mai nisa a haka, ina ƙoƙarin kada in motsa in tashe shi.

Christiana ce ta fara ganewa. Ta matso, ta riƙe wuyan hannunsa, ta daɗe. Sannan ta dube ni, ta cire gyalenta ta miƙo mini in rufe shi. Ɗangana ya ce, "Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un." Bai saki injin ba, don muna tsakiyar kututture. Yana kuka yana tuƙi, yana kauce musu ɗaya bayan ɗaya, har fitilun Wara suka bayyana.

Inna Balaraba na bakin ruwa. Aka ce tun la'asar take tsaye a wurin. Da ta ga yadda nake riƙe da shi, ba ta yi kururuwa ba. Ta jira na fito, na tsaya gabanta.

"Inna, tun azahar na ga yana haki. Ban juyo ba."

"Ya kai can?"

"Ya kai."

"Da ƙahwarshi yat taka?"

"Da ƙafarsa."

Ta gyaɗa kai, ta wuce ni zuwa wurin jirgin. A daren aka yi ruwan sama mai ƙarfi. Da safe muka kai shi makwancinsa, ƙasa na manne mana a takalma. Philip da matarsa suka zo gaisuwa, suka zauna a tabarma cikin mutane ba su ce komai ba, ni ma ban sami abin fassarawa ba.

Na yi kwana takwas ina kauce wa ƙofar gidan. A rana ta tara ta aiko 'yarta Murjanatu ta kira ni. Na same ta a tsakar gida, sanye da kayan takaba, faifan shinkafa a cinyarta tana tsintar tsakuwa. Na zauna daga nesa, bakin rijiya. Na fara ba ta haƙuri, ta ɗaga hannu.

"Ba don wannan na kira ka ba. Ni 'yar Shanga ce, amma tsoron ruwa nike. Shekara arba'in da ukku shina cewa in zo shi kai ni in gani, ina cewa sai wani jiƙon." Ta ci gaba da tsinta. "Kai ka je. Hwara mani tun daga inda kunka tashi. Kak ka tsallake komi."

Na fara. Na gaya mata rigunan ruwa, da tungar masunta, da tsohuwar da ta tsokane shi. Na zo kan kasuwar Laraba da makaho mai igiya, sai hannunta ya tsaya cak a cikin shinkafar. Wata kaza ta matso, ta ɗora kai a bakin faifan tana ci. Inna Balaraba tana kallonta, ba ta kore ta ba.