Layin Famfo

Tun da aka ajiye wa Goggo kujera a bayan kyamara ta kasa zama. Ta tashi, ta zauna, ta sake tashi. 'Yar ƙaninta, mai yi wa 'yan wasa kwalliya, ita ta kawo ta, don darakta yana neman wanda ya ga watanni taran da sojoji suka yi wa garin ƙawanya. Goggo tana 'yar shekara sha shida a lokacin.

A ranar, fitowar layin ɗiban ruwa ake ɗauka. An jera mata talatin a gaban famfo, fuska duk toka, kowacce cikin tsumma, ana ta koke-koke.

"Kai, ɗan nan!" Goggo ta tsallake wayoyi ta faɗa tsakiyar fili. "Su wa ke nan? Wai mu?"

Darakta ya ɗaga hannu aka tsaya. "Goggo, yunwa muke son nunawa."

"Yunwa kam mun sha ta, har fatar takalmi mun dafa. Amma wa ya ce maka da tsumma muke fita? Yayata sai ta goge riga ta shafa jan-baki take ɗaukar bokiti, wai in ajali ya same ta a hanya kada a ce ƙazama ce. A layin nan ake gulma, a nan biyu suka samu miji. Kuma ba a cunkushewa haka. Taku biyar-biyar ake bari, kada bom ɗaya ya kwashe mu duka."

"Masu kallo ba za su yarda ba."

"To su suka je ko ni?"

Ya sosa ƙeya, ya ce a gwada. Goggo ta bi layin tana ware mata, tana goge toka da gefen mayafinta. Babu wanda ya tuna ya gaya mata akwai fashewa a fitowar.

Ƙarar na tashi ta fizgo yarinyar da ke kusa, ta danne ta a bayan duro. Da ƙyar aka ɓamɓare hannunta. Darakta ya durƙusa yana ba ta haƙuri.

"Wannan kam kun iya," ta ce.

Ta karɓi jakarta, ta ƙi mota. Har ta kai ƙofa ta juyo.

"Gobe me za ku ɗauka?"

"Gidan burodi, Goggo."

"Kada ku fara sai na zo. Na san ɓata shi za ku yi."